Macijin Ƙarƙashin Rumbu

Asabar, 20 ga Oktoba, 1984

Yau aka shigo da gero. Ban ma son in kira shi girbi. Abin da a da ake wuni ana jido da jakai, bana Basiru da Kawu Nababa, ƙanen babansa, a ka suka kwaso shi tun rana ba ta yi zafi ba. Zangarniya kamar yatsa, rabi babu ƙwaya. Dawa kuwa a tsaye ta bushe.

Inna Hure, uwar mijina, ta zauna ta tsince masu ɗan kyau ta ɗaure daban. Ta ce iri ne, ko yunwa za ta kwantar da mu ba mai taɓawa.

Ina miƙa dami a bakin rumbu na gan shi. Dogo, siriri, launin ƙasa, da zane-zane a bayansa, ya miƙe kan dutsen da rumbun ke bisa yana shan hantsi. Na yar da damin. Inna ta yi ta dariya. Wai mai gadinta ne, ya daɗe a nan, ɓera yake ci, ba ruwansa da mutum.

Mai gadi. A gidanmu da an gan shi sai sanda.

Talata, 6 ga Nuwamba

Basiru ya tafi cirani. Ya ce Kano tukuna, in ba a samu aiki ba sai Kudu. Ga shi na rubuta sunansa har sau biyu, takarda ai ba ta da kunne.

Saura ni da Inna, da Khalilu a baya, da Rukayya.

Ita ma a nan kaɗai nake iya kiran sunanta. 'Yar farina ce, kunya ta hana. Tun yaye take ɗakin Inna, can take kwana, can take ci. Ni "ke" nake ce mata, ita kuma Yaya take ce min. Bana ta shiga tara. Ɗazu ta zo ta tsaya a kaina ina tankaɗe, ta ce, "Yaya, kitsona ya tsufa." Na ce ta je wurin kakarta. Bayan ta juya na bi ƙeyarta da kallo.

Lahadi, 10 ga Maris, 1985

Na daɗe ban buɗe nan ba. Me zan rubuta? Tuwon dusa da miyar tafasa. Garin rogo in Basiru ya aiko. Sau ɗaya muke ɗora tukunya.

Zafi ya shigo da wuri. Da tsakar rana na tarar da Rukayya a tsugune, hannu a haɓa, tana kallon abin nan yana jan jiki daga gindin danga zuwa rumbu, tsakiyarsa a kumbure. Ya haɗiyi ɓera ke nan. Na daka mata tsawa. Na samu Inna na ce, don Allah ku bari a kashe shi, akwai yara a gidan.

Ta ce wannan na rana ne. Rana na faɗuwa yake shigewa, kamar kaza. Wanda kike gani da idonki ba shi ne abin tsoro ba, ki ji tsoron wanda ba ya fitowa sai duhu ya fara. Ta ce in an kashe shi wa zai tsare mata iri, ni?

Na ƙyale. Gidanta ne.

Laraba, 27 ga Maris

Saɓarsa na tsinta a bayan akurki. Na yi wa Kawu Nababa magana ta katanga, ya ce shi ba zai shiga tsakanin Hure da macijinta ba. Har da dariya.

Alhamis, 11 ga Afrilu



Jiya bayan magariba. Ina sallah, na ji Inna ta ce wa Rukayya ta je ta rufe akurki, 'yan tsaki sun shiga. Akurkin yana bayan rumbu, kusa da tarin karan da muke girki da shi. Ina raka'ar ƙarshe na ji ƙararta. Ba wata babbar ƙara ba, irin ta wanda ya taka ƙaya.

Ta dawo tana ɗingishi, ta ce wani abu ya soke ta. Aka kawo a-ci-bal-bal. Huda biyu a saman idon sahu. Ba wanda ya ga abin. Ita ma ba ta gani ba.

Inna ta yage bakin zanenta ta ɗaure ƙafar. Ba ta yarda ta faɗi sunan maciji ba don dare ya yi, sai "abin ƙasa, abin ƙasa" take ta cewa. Kawu ya kira mai magani daga unguwar gabas, ya tsaga wurin, ya kafa ƙaho, ya ba ta wani jiƙo ta amayar. Ya ce da safe za ta taka.

Yanzu safiyar ce. Ƙafar ta kai gwiwa da kumburi.

A cinyar Inna ta kwana. Ni ina bakin ƙofa, ina miƙa ruwa.

Asabar, 13 ga Afrilu

Jini a dasashinta. Ta tofa yawu, ja. Inda aka tsaga ma ya ƙi tsayawa, tsumma nawa na wanke.

Kawu ya leƙa bakinta, ya fita zaure. Na ji yana gaya wa maza a nemi mota gobe.

Litinin, 15 ga Afrilu

Mun kai ta asibiti jiya. A amalanke zuwa bakin titin Tsanyawa, daga nan ƙaramar bas. Mai farin kaya ya duba, ya tambayi wane irin maciji ne. Inna ta ce na dare. Ni na ce akwai wanda ke zaune ƙarƙashin rumbunmu. Karo na farko ke nan da na tsallake maganarta a gaban mutane. Ta waiwayo ta dube ni.

Ya ce ko wanne ne, allurar dafi ta ƙare musu tuntuni, ko a birni ma sai an dace. Ya ba da ƙwayoyin rage zafi. Kawu ya ce a wuce birnin. Mutumin ya dubi yarinyar, ya dubi Kawu, ya ce ku dai kai ta gida ta huta.

A mota, da Inna ta gaji, aka ɗora min ita. Ba nauyi ko kaɗan. Ta buɗe ido ta ce, "Yaya, an rufe 'yan tsakin?" Na ce an rufe.

Laraba, 17 ga Afrilu

Jiya da hantsi. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Asabar, 20 ga Afrilu

Mata cike da tsakar gida. Duk wadda ta shigo sai ta wuce ni ta durƙusa gaban Inna. "Hure, ya haƙuri? Hure, Allah Ya sa mai ceto ce." Inna ta yi kukanta, a rirriƙe ta, a ba ta baki.

Ni kuwa, da yake 'yar farina ce, ba a yi min. Kaltume matar Kawu ta raɗa min wai in daure, kada in ba da kunya, idon mutane na kaina. Na daure. Na jawo ruwa, na dama kunu, na wanke ƙore. Wata tsohuwa har yaba min ta yi, wai yarinyar nan akwai kawaici, ko gezau.

Ko gezau.

A banɗaki nake kukana, bakin zane a baki.

Wadda ta ajiye maciji a gida, wadda ta aike ta, ita ake yi wa ta'aziyya.

Talata, 23 ga Afrilu

Basiru ya iso, an yi sadakar bakwai. Ya rame, hannuwansa duk sun tsage da siminti. Na gaya masa komai. Ya ce kwananta ne ya ƙare, kada in ɗora wa tsohuwa abin da Allah Ya hukunta. Na ce ban ja da hukuncin Allah ba, maciji nake so a kashe. Ya ce zai duba.

Na san wannan "zai duba" ɗin.

Juma'a, 26 ga Afrilu

Na kashe shi.

Maza duk sun tafi masallaci. Ina daka, na ɗaga kai, ga shi ya fito ya miƙe a kan dutsensa kamar ba abin da ya faru a gidan. Ban san lokacin da na isa wurin ba. Taɓarya a hannuna. Na farko ya same shi a gadon baya, ya nannaɗe, ya nemi ramin, na sake. Na yi ta yi. Kan ya daɗe da dagargajewa ina yi. Khalilu na ta tsala kuka a bayana ban ji ba, sai daga baya.

Cikinsa ya fashe. Ɓera ne a ciki, ko narkewa bai yi ba.

Inna ta fito daga ɗaki ta tsaya. Na jira ta zage ni, ina so ma ta zage ni. Sai ta ce a hankali, "Sakina, kin kashe na rana. Wanda ya sare ta yana nan."

Na ce, "Ku kuka sani. Ni dai wanda na gani na kashe."

Ta sa kara ta ɗauke shi, ta kai bayan gida ta binne. Binnewa fa. Kamar mutum.

Na ɗauka zan ji sanyi. Hannuwana kawai ke ciwo.

Lahadi, 28 ga Afrilu

Basiru ya koma. Bai ce na yi daidai ba, bai ce ban yi ba.

Alhamis, 2 ga Mayu

Na zama kamar mai taɓin hankali. Duk wanda ya shigo gidan nan sai na kai shi ga maganar. Maciji da rana yake yawo ko da dare?

Kawu Nababa ya ce kowanne da lokacinsa. Dogayen nan sirara masu bin ɓera da ƙadangare, da ido suke farauta, sai da rana. Kububuwa kuwa gajera ce, takan lafe cikin kara ko ƙarƙashin dutse har rana ta faɗi, sannan ta fito. Ya ce jinin dasashin nan da ya gani, aikin kububuwa ne, ya sha gani a gona. Tun ranar ya sani.

To, ƙanen mijin Inna ne. Me zai ce?

Hafsatu mai koko ta ce ita ba ta yarda ba, maciji ba shi da agogo. Ta ce in zafi ya yi zafi irin na bana, har na ranar ma ba ya iya taka ƙasa da tsaka, sai ya jira yamma ta yi sanyi ya fito neman abinci. A garinsu ta taɓa ganin irinsa bayan isha'i a kan danga.

Na riƙe wannan. Ko koko ban saya ba, amma na raka ta har zaure.

Da na kwanta sai na tuna ranar da na kashe shi rana tsaka ce, ƙasa kamar wuta, kuma yana waje. Ban son wannan tunanin.

Litinin, 13 ga Mayu

Ɓeraye. Tun magariba ake jin su a rufin rumbu, suna tsere kamar dawakai. Sun cinye min gefen faifai, sun huda buhun garin rogo. Shekaranjiya ɗaya ya ciji Khalilu a yatsa yana barci.

Inna ba ta ce uffan ba. Da ta ce "ga shi nan," da na samu abin mayarwa. Ba ta ce. Ta dai kafa tarkon ƙwarya da tsinke, wani lokaci ya kama ɗaya, goma su wuce.

Ba ma magana sai ta dole. "Ga tuwo." "To." "An kira sallah." "To."

Laraba, 22 ga Mayu

An kama azumi. Mu da muke azumi tun kaka.

Yaya Ja'afaru ya zo daga garinmu ya gan ni. Ya dubi wuyana, ya dubi tukunya, ya ce Baba ya ce in na ga ba zan iya ba in taho gida, in Basiru ya dawo a yi magana. Na ce bayan sallah ya zo ya ɗauke ni. Na faɗa da ƙarfi yadda za a ji daga ɗakin Inna.

Asabar, 1 ga Yuni

Hadari ya fara haɗuwa a gabas, Inna ta ce a sauko da iri a sussuke. Kawu ya hau rumbu, ya daɗe a ciki. Da ya fito sai ya miƙo damin ba tare da ya dubi kowa ba.

Sanduna ne kawai. Ƙaiƙayi da kashin ɓera. Abin da aka tsince bai cika tafin hannu biyu ba.

Wata bakwai muna kallon rumbun nan da yunwa ba mu taɓa ba.

Inna ta zauna a ƙasa, tana murza ƙaiƙayin tana hurawa, ko za ta ga ƙwaya. Kawu ya buɗe baki, na san abin da zai ce, na shirya masa. Ta ɗaga masa hannu. Ta ce, "Nababa, bar ta." Ya ce zai ɗiba mata cikin nasa, ko da rabin gona ne a shuka.

"Bar ta." Wa ya roƙe ta ta kare ni? Da tun farko ta samo kyanwa kamar kowa.

Lahadi, 9 ga Yuni

Akwai abin da na lura da shi kwanakin nan.

Da an kira magariba, Inna takan kurɓi ruwa, ta yi sallah a gaggauce, ko kunu ba ta jira. Sai ta ɗauki sandarta ta zaga bayan rumbu. Da farko na ɗauka kewayawa take yi. Yau na leƙa ta jikin danga.

Tarin karan nan take ɗagawa, ɗaya bayan ɗaya. Ta tona gindin akurki. Ta juya duwatsu. Babu fitila. Ƙafarta babu takalmi.

Tsohuwar da ko zare ba ta iya sa wa allura da rana.

Ba ruwana.

Juma'a, 14 ga Yuni

An yi ruwa jiya, na shuka sosai. Ƙamshin ƙasa har cikin ɗaki. Kawu ya sare ramukan shuka, Inna ta bi shi tana zuba irin da ya ba ta. Rabin gona.

Kawu ya ce yanzu ne abin ƙasa ke fitowa, ruwa ya cika musu ramuka, kowa ya kula da ƙafarsa in rana ta faɗi.

Inna ta dawo daga gona da ƙyar take ɗaga ƙafa. Amma ana shan ruwa ta ɗauki sandar. Wannan karon ban iya ba. Na bi ta, na tsaya daga nesa, na ce, "Inna, me kuke nema a duhu?"

Ba ta juyo ba. Ta ce, "Wanda ya ɗauke min ita."

Na ce ai ko yana gabanku ba za ku gan shi ba, shi zai gan ku.

Ta ce, "To ya gan ni ɗin."

Ta ci gaba da ɗaga kara. Can ta ce, har yanzu bayanta take ba ni, "Ni na aike ta, Sakina. Ga ni zaune, ƙafata lafiya, na ce yarinya ta je. Kin ɗauka ban san abin da kike gani ba in kin dube ni? Da na ranan ne da na ji sauƙi, da an gama, kin kashe shi. Amma ba shi ba ne. Yana nan yana cin ƙasa, ita tana ciki."

Sannan ta ce, "Ke kika haife ta. Na ga ba a bar ki kin yi kuka ba. Ni ma ban bar ki ba."

Na koma ɗaki. Sai yanzu?

Khalilu ya farka ya same ni, ya yi ta shafa min fuska yana kallon hannunsa.

Lahadi, 16 ga Yuni

Shuka ta tsiro, in ji Kawu. Inna ta sake fita jiya. Da yau.

Alhamis, 20 ga Yuni

Sallah. Kaltume ta aiko da tuwon shinkafa ɗan kaɗan. Yara sun shigo yawon sallah, sa'o'in Rukayya, da lalle a hannu. Aishatu ƙawarta ta tsaya a bakin ɗakin Inna kamar za ta kira ta, sai ta tuna, ta juya da gudu.

Ni da Inna muka dubi juna. Ita ta fara sauke ido.

Na haɗa kayana a ƙullin zane. Ba su da yawa.

Litinin, 24 ga Yuni

Yaya Ja'afaru ya zo da safe da kekensa. Na ce masa ya bari sai an yi noman fari, hanya duk taɓo, kuma Khalilu na ɗan zawo. Ya dubi Khalilu yana ta wasansa a ƙasa. Ya sha ruwa ya tafi.

Har yanzu ban san wanne ba ne. Hafsatu ta ce ta gani da idonta a kan danga, ba ta da dalilin yi min ƙarya. Ban ce na yarda da maganar kowa ba.

Ina share ƙarƙashin gado na ci karo da takalmin robar Basiru, dogayen nan na masu kwaɓa siminti, ya manta su da ya zo. Ɗaya ya ɗan tsage a sama. Kafin magariba na ajiye su a bakin ƙofar Inna. In aka sare ta ni ce da jinya, ni ce da wankin tsumma, shi ke nan dalili.

Ta fito ta gan su. Ta daɗe a tsaye. Sannan ta zauna a kan turmi ta zura. Sun yi mata yawa, tana tafe tana jan su, da wani lokaci ne da na yi dariya.

Ni na riƙe fitilar. Ita ta ɗaga karan. Ba mu ga komai ba sai kunama ɗaya da 'yan kwaɗi.

Lagwanin ya gajarce, hasken ba ya kai wa gindin danga. Gobe in sake wani.